Kafin a Raba Kati, Duba Abin da Aka Ajiye a Gefe

 Takwara, mahaifiyarka ta kawo mini ƙararka. Ta ce tun da aka yi hutu ba ka da sana'a sai wasan kati, wani a waya, wani na takarda mai zanen dodanni, kai da abokanka kuna ta wani yare da babu mai ji a gidan. So take in yi maka faɗa. Ni kuwa na san halin jika, kaka na ɗaga murya shi yana ƙunshe dariya, don haka faɗa ba zai kai mu ko'ina ba. Hira za mu yi, a kan kalma guda daga cikin yaren naku. Masu wasan sun daɗe da jefar da ita, wataƙila ma kai ba ka taɓa furta ta ba, amma ni kullum ina ganin aikinta a majalisun samari a nan Yako.

Kalmar ita ce anti, ba kuwa Antin da ke zuba maka tuwo ba. Daga teburin cacar Turawa ta fito, wajen kartar da suke kira foka. Abin da kowa zai fara zubawa a tsakiya ke nan tun kafin a raba kati. Ba ka ga abin da zai zo hannunka ba, mai kyau ne ko marar kyau, amma naka ya riga ya bar aljihu. Wanda ya ci shi zai kwashe duka. In ka ji ɗan wasa ya tambayi ɗan'uwansa, "Da anti za mu yi ko babu?" to tambayarsa ita ce, na ci ne ko na wasa. In kuma aka ce wane ya ƙara anti, to ya ɗora wani abu a kan abin da ya riga ya ajiye, ko don ya razana abokin karawarsa, ko don ya rama abin da aka ci masa.

Ga yadda ta shigo wasanninku. A watan Agusta na 1993 wani masanin lissafi ɗan Amurka mai suna Richard Garfield, tare da wani ƙaramin kamfani da ake kira Wizards of the Coast, suka fito da wasan Magic: The Gathering. Shi ne kakan duk wasannin katin da ake tarawa ana musaya. Katin Pokémon da ya fito a Japan a 1996, da na Yu-Gi-Oh na kamfanin Konami a 1999, duk sawunsa suka bi. Abin da ya bambanta shi da kartar da muka sani shi ne, a karta ƙunshi ɗaya ne ake rabawa kowa ya samu rabonsa. A wannan kuwa kowa da damin katinsa yake zuwa daga gida, wanda ya saya da kuɗinsa ya tsara da dabararsa. Katin kuma ba ɗaya suke ba. A fakitin wancan lokacin mai kati 15, guda 11 gama-gari ne, 3 suna da ɗan wuyar samu, ɗaya tak shi ne na ƙwarai, kuma a rufe ake sayar da fakitin.

Garfield mai lissafi ne, ya hango matsala tun daga nesa: ɗan mai kuɗi zai sayi fakiti tuli, ya tsince masu ƙarfi, ya riƙa cin kowa a unguwa. Yana kuma son katin ya riƙa zagayawa tsakanin abokai, kada dami ya tsaya yadda yake. Sai ya sa anti a cikin dokar wasan tun daga farko. Za ka cakuɗa daminka, abokinka ya cakuɗa nasa, sai kowa ya zare katin da ke sama, ba zaɓe ba duba, a buɗe shi a ajiye a gefe inda kowa ke gani. Daga nan kowa ya ɗebi kati bakwai a fara. Wannan katin na gefe ba ya shiga wasa. Yana nan kwance yana kallonku, kuna kallonsa. Aka tashi, wanda ya ci ya ɗauki biyun ya sa a aljihu, sun zama nasa har abada.

Ka tsaya ka hango yaron da ya tara kuɗin tararsa na makaranta ya sayi fakiti, Allah ya ba shi kati mai daraja, ya kwana yana shafa shi. Gari ya waye ya zauna wasa, aka cakuɗa, aka zare na sama, sai ga shi shi ne. Abokinsa kuwa wani gama-garin kati ya faɗo masa wanda ko a ƙasa aka gan shi ba za a duƙa ba. Yaron nan ya yi asara biyu tun kafin a fara: ba zai yi wasa da katinsa mafi ƙarfi ba, kuma in aka ci shi ya rabu da shi ke nan. Da wace zuciya zai yi wasan?

Masu kamfanin ba su tsaya nan ba. Sun buga wasu kati guda tara da aikinsu ya shafi antin kansa. Ɗaya ya fito a kashin da aka gina kan tatsuniyoyin Dare Dubu da Ɗaya a ƙarshen 1993, wani tsuntsu ne na ado da za ka ajiye a madadin abin da ka zuba. Amma wanda nake so ka lura da shi sunansa Contract from Below, wato yarjejeniya da mutanen ƙarƙashin ƙasa. Abin da yake ba ka shi ne: ka zubar da duk katin da ke hannunka, ka ɗebi sababbi guda bakwai, da sharaɗin ka ƙara kati ɗaya a kan antinka. Farashinsa a cikin wasan kuwa mai arha ne ƙwarai. Masana wasan da yawa suna sa shi cikin mafi ƙarfin katin da aka taɓa bugawa, kuma ban yi mamaki ba. Duk wanda ya taɓa zama kusa da ɗan caca ya san wannan yarjejeniyar. Hannunka ya lalace, ana gab da cin ka, sai wata murya ta ce maka ƙara kaɗan, a sake rabawa, wannan karon naka ne. Wanda ya raɗa wa katin nan suna ya san abin da yake yi.

To me ya faru? Masu wasan da kansu suka ƙi. Mutum ya fi son ya yi wasa da abokinsa su tashi kowa da kayansa. Ga kuma dokokin caca na ƙasashe da jihohi, waɗanda za su iya hawa kan mai shago ko mai shirya gasa in aka ce yara na cin dukiyar juna a gabansa. Tun 1994 aka hana katin anti shiga gasa. A 1995 aka buga na ƙarshensu, a kashin da ake kira Homelands, daga nan ba a sake ba. Har yau guda taran nan haramtattu ne a gasa, dokar antin kuma an bar ta a can gefen littafin dokoki, ga wanda ya ga dama, a inda hukuma ta yarda kawai. Shekara biyu kacal ta yi tana cin kasuwarta.

Kuma da sun bar ta, da an ga abin da ba a taɓa gani ba, domin katin nan sun zo sun yi tsada ta fitar hankali. Akwai wanda ake kira Black Lotus, wanda a bugun farko kimanin guda 1,100 kawai aka yi. A farkon 2021 an sayar da ɗaya a kan dala 511,100. Kai ka iya lissafi, ka mayar da shi naira ka gani. Ka ce yanzu a 1993 wani yaro ya zare wannan daga saman daminsa ya ajiye a gefe, aka ci shi a cikin minti goma.

Abin da ya sa na ba ka wannan dogon labari shi ne hujjar da samari ke kawowa kullum, wai wasa ba ya armashi sai an ɗan sa wani abu. Ga wasan da aka haifa da anti a jikinsa, aka cire masa, bai mutu ba. A 1999 kamfanin Hasbro ya sayi Wizards of the Coast, a 2022 kuma cinikin Magic na shekara ya haura dala biliyan 1. Mutanen nan ba Musulmi ba ne, ba wa'azi aka yi musu ba, ba Hisba ce ta zo ta tsaya a kansu ba. 'Yan kasuwa ne masu neman riba, suka duba suka ga abin yana kore musu jama'a.

Yanzu mu dawo gida. Mu nan katin dodanni bai yawaita ba, abin da ya zama ruwan dare shi ne Whot. Shi ma baƙo ne, wani Bature William Storey ya ƙirƙiro shi a Ingila a 1935, kamfanin Waddingtons ya yaɗa shi, amma a Nijeriya ya samu gindin zama har wasu na ɗauka a nan aka haife shi. Kati 54 ne, da alamu biyar: ƙwallo, da mai kusurwa uku, da kuros, da murabba'in da yara ke ce wa kafet, da tauraro. Shi ma da yarensa. Ka jefa 2 ka ce fik-tu, na gabanka ya ɗebi biyu. Ka jefa 5 ya ɗebi uku. Lamba 8 ta tsallake shi, lamba 1 ta ba ka damar sake jefawa, 14 kuwa ta aika kowa kasuwa, 20 ta ba ka ikon kiran alamar da kake so. In saura maka ɗaya dole ka ce las-kad, in ka gama ka ce cekof. Samarinmu da ke zuwa ci-rani Legas da Abuja da Fatakwal sun dawo da shi a aljihu tun da daɗewa, yanzu daga Yako zuwa Kwanar Ɗangora, daga Bebeji zuwa Tudun Wada, da wuya ka ga majalisar da ba a san shi ba.

Ka je ka zauna gefen tabarmar da ake yin sa babu ko kwabo a ƙasa, bayan isha'i, kusa da mai shayi. Dariya za ka ji. Wani ya manta bai ce las-kad ba, aka kama shi, aka yi masa ihu, ya ɗebi kati yana tsaki yana murmushi. Wani ya jefa kati bisa kuskure ya ce, "Kai, ku bari in ɗauke, ba shi na so ba," aka ce ɗauki abinka. Wani ya leƙa hannun na kusa da shi, aka ranƙwashe shi aka ci gaba. Aka kira wani a gida, ya miƙa wa ɗan kallo katinsa ya tafi.

Sannan ka koma wannan tabarmar ranar da aka ajiye ɗari bibbiyu a ƙarƙashin takalmi. Mutanen su ne, katin shi ne. Amma kowa ya matse hannunsa a ƙirji. Babu mai cewa ɗauki abinka. Wanda ya manta las-kad zai rantse da Allah ya faɗa, ba a ji ba ne, wani ya rantse bai faɗa ba, dole ɗayansu ƙarya ya rantse a kai, kan naira ɗari biyu. A fara duban bayan kati ko an yi masa shaida da farce. A ce mai rabawa ya san abin da yake yi. Wanda ya ci sau uku a jere ya ce zai tashi, a ce ba ka isa ba, sai mun rama. Aka kira wani a gida, ya ce a ce ba ya nan. Wannan shi ne aikin anti, Takwara. Kafin ta ci kuɗi, yafiya take fara ci. Kamar ƙwaro ne a rumbu: daga waje rumbu na tsaye ƙyam, abokai na nan suna gaisawa, sai ranar da aka buɗe a tarar da gari.

Kuma ba ta zuwa da sunanta. Babu wanda zai ce maka zo mu yi caca. Cewa za a yi, "Wanda aka ci shi zai sayi shayi." Wa zai ƙi wannan, ai ko ba wasa ma kana saya wa abokinka shayi. Gobe a ce da burodi. Jibi a ce shayin nan ya ishe mu, a ajiye kuɗin kawai. Daga nan sai katin waya, sai wayar kanta. Lokacin da abin ya fi ƙamari shi ne kaka, sa'ad da masarar Doguwa da shinkafar Tudun Wada suka fito, saurayi ya sayar da buhu biyu uku, kuɗi na yi masa ƙaiƙayi a aljihu. Na san yaron da ya yi noman damina guda, da gumi da bashin taki, bai kai ga ɗinka rigar salla ba. Ba a dare ɗaya aka cinye shi ba. Ɗari biyar ya fara rasawa, sauran duk wajen ramuwa suka tafi, garin neman gira ya rasa ido.

Kai ma ka san tushen abin tun kana ƙarami, ko ka manta? Ƙwallon yazawa, da robar ɗaure kuɗi, da marfin kwalbar lemo. Kafin a fara sai an tambaya, da ci ko ba ci. Da ci ɗin nan shi ne anti. Kuma ka tuna wanne ne yake ƙarewa da kuka da jifa da kai ƙara wajen uwa.

Ta fuskar addini ba zan tsawaita ba, kana da malamai. Ka buɗe Suratul Ma'ida, aya ta 90 da ta 91, ka karanta da fassara. Abin da zai ba ka mamaki shi ne illar da aka ambata a wurin: gaba da ƙiyayya tsakanin mutane, da shagala daga ambaton Allah da salla. Daidai abin da na kwatanta maka a tabarma ta biyu. Wasan kati da babu kuɗi a ciki malamai sun yi saɓani a kansa, namu na Malikiyya suna cikin masu tsanantawa, wasu kuma sun sassauta in bai cinye lokaci ba, bai hana salla ba. Amma da zarar an ajiye wani abu a gefe wanda mai nasara zai kwashe, saɓani ya ƙare. Nan babu malami biyu.

Hukuma ma ba ta wasa da shi. Kano ta ƙaddamar da shari'ar Musulunci a 2000, aka kafa hukumar Hisba da doka a 2003. A watan Oktoba na 2024 Hisba ta rufe shagunan cacar ƙwallo da dama a cikin birni, a watan Nuwamba na shekarar kuma Kotun Ƙoli ta soke dokar caca ta tarayya ta 2005, ta ce jihohi ke da hurumin abin. Ka ga ke nan wanda aka kama a Kano ba shi da wata takardar Abuja da zai ɓuya a bayanta. Sai dai ni ba tsoron kamu nake so ya hana ka ba. Shago ake rufewa, wayar da ke aljihunka babu mai rufe ta sai kai.

Wannan ya kawo ni inda nake jin kai abin ya fi shafa. Na yaba wa masu Magic da suka cire anti, amma ba zan yaba musu duka ba. Sun kore ta daga tabarma, ta zagaya ta shiga shago. Fakitin nan da ake sayarwa a rufe, mene ne shi? Ka ba da kuɗi tabbas, ka karɓi abin da ba ka sani ba. Wataƙila a ciki akwai katin da ya ninka kuɗinka sau ɗari, galibi kuwa tarkace ne da ba su kai rabin abin da ka biya ba. Hausawa sun ce ba a cinikin biri a sama, malaman fiƙihu kuma suna da babi guda a kan cinikin garari. A 2001 malaman Saudiyya sun ba da fatawar hana katin Pokémon, kuma kamanninsa da caca na cikin dalilan da suka kawo. A 2018 hukumar kula da caca ta Beljiyam ta yanke cewa akwatunan sa'a da ake saye da kuɗi a wasannin kwamfuta caca ne, har kamfanin EA ya daina sayar da kuɗin wasan ƙwallonsa na FIFA a ƙasar a farkon 2019. Malaman Riyad da lauyoyin Turai ba kasafai suke haɗuwa a kan magana ɗaya ba.

Na waya ya fi na takarda wayo. Na takarda ko ba komai ka riƙe abu a hannu, za ka iya sayarwa ko ka ba ƙaninka. Na waya hoto ne, ranar da kamfani ya rufe wasan ya tafi. Ka duba na Pokémon da suka fitar a waya a watan Oktoba na 2024: kullum za a ba ka fakiti biyu kyauta, ka buɗe, ka ji daɗin walƙiyar nan da ƙarar nan. In kana son na uku yanzu-yanzu, to sau da yawa sai ka taɓa aljihu. Kyautar nan ba don Allah ba ce, koya wa yatsanka hanya ake yi. Haka wasannin ƙwallon da ƙannenka ke yi a wurin cajin waya, ana buɗe fakiti ana fatan fitaccen ɗan wasa ya faɗo.

Ga shawarata, kuma tsofaffin 'yan wasan can ma ita suke ba sababbi. In akwai katin da kake so, ka saye shi shi kaɗai, a buɗe, da farashin da ka sani, daga hannun wanda ke da shi. Wannan ciniki ne, ka ga kaya ka ga kuɗi. Kada ka bi shi ta cikin rufaffen fakiti. A waya kuwa ka tsaya a abin da aka ba ka kyauta, kada ka haɗa wasan da asusun bankinka. Ranar da ka ji kanka yana cewa bari in ƙara ɗaya, wannan karon zai fito, ka san ka sa hannu a yarjejeniyar nan da na ba ka labari, ka ajiye wayar ka fita ka sha iska.

Sai batun musaya, tunda rabin daɗin abin a nan yake. Musaya halal ce, amma tana da tarko. Kai ka san darajar kati, ƙaramin yaro bai sani ba, shi dai ya ga naka ya fi ƙyalli. Ka ba shi uku marasa amfani ka karɓe ɗayansa mai tsada, ya tafi yana murna. Ya yarda, na sani. Amma da ya san abin da ka sani da bai yarda ba, kuma wata rana zai sani, ba zai manta fuskarka ba. Ka faɗa masa gaskiya tukuna, in ya ce duk da haka yana so, shi ke nan.

Za ka ce da ni, to gasa fa, wadda ake ba da kyauta? Ka duba daga ina kyautar ta fito. In wani na gefe ne ya sa, kamar yadda mai hali ko shugaban ƙaramar hukuma kan sa kofi a buga ƙwallo, wanda aka ci bai rasa komai ba sai gumi, ya koma gida da abin da ya zo da shi. In kuwa ku kuka tara kuɗin daga aljihunku, aka ce na ɗaya ya kwashe, to ko an kira shi kuɗin rajista, ko an buga masa takarda mai hatimi, ka kai wa malaminka ya duba maka kafin ka biya. Ni dai a idona anti ce ta sa babbar riga.

Kada ka ɗauka wasa nake ƙi. Ni da ka gani na ci ƙasa a gindin bishiya wajen dara, ramuka talatin, kowa da 'ya'yansa goma sha biyu, kuma har yau in na samu abokin yi ba na ƙi. Mu abin da muke ajiyewa a gefe shi ne baki. Wanda aka ci zai sha ba'a har a kira magariba, gobe ya dawo da shirin ramuwa, kuma wallahi zafin ba'ar nan ya ishi mutum ya yi wasa da dukkan hankalinsa. Wasanninku ma na ga amfaninsu. Suna koya lissafi, da haƙuri, da karanta abokin karawa, da tsara abu tun kafin a fara. Mai iya haɗa dami na kati 60 ya san wanne zai taimaki wanne, ba ƙaramin kai gare shi ba. Ka yi abinka a lokacin da ya dace, in an kira salla ka tashi ko da kai ke gab da ci, in mahaifiyarka ta aike ka kada ka ce bari in gama wannan. Ita ma ƙarar da ta kawo, rabinta wannan ce.

Abin da ya rage shi ne yadda za ka ƙi, don shi ne mai wuya. Ranar da aka ce a ɗan sa wani abu, kada ka yi wa'azi, kada ka ɓata rai, abokanka ne. Ka ce, "Ni na wasa nake yi, in na ci ne ku yi, ina kallo." Za a ce tsoro kake ji, za a ce maƙo ne, wani ya ce ai hamsin ce kawai, ni zan zuba maka. Wannan na ƙarshen shi ya fi haɗari, kada ka karɓa, bashi ne da ba a rubuta ba. Sau biyu sau uku za su gwada ka su bari, kuma za ka ga wani a cikinsu ya matso kusa da kai, shi ma dama ba ya so, wanda zai fara ƙi yake jira. Ka kuma sa ido a kan ƙannenka, abin da suka ga kana yi shi za su ɗauka.

In sun matsa maka lamba ka rasa abin faɗa, ka ɗora a kaina. Ka ce kakanka ne ya hana, wanda bai yarda ba ya shigo mota ya zo Yako ya same ni, ina ƙofar gida bayan la'asar. Ka gaishe mini da mahaifiyarka, ka ce mata na yi faɗan.